Wane Nono?

Talata, 6 ga Mayu, bayan la'asar

Mun dawo daga asibiti. Junaid ya yi barci, kumatunsa jajaye kamar an goga masa barkono. Watansa huɗu, kuma tun yana wata biyu ƙurajen nan suke cinsa, ga amai, ga ɗigon jini a kashinsa. Sai yau Hashimu ya samu sararin rufe shago ya kai mu.

Likitan ya fara da Faransanci, ya koma Larabcin garin nan, duk da Hashimu yake yi. Ni ina zaune da yaro a cinya kamar buhun da aka ajiye a kan kujera. Tun da aure ya kawo ni Njamena Larabcina bai wuce na cinikin tumatir ba, Faransanci kuwa ko gaisuwa sai na yi tuntuɓe. Ana cikin bayani wayar Hashimu ta yi ta ƙara, shi kuma ya yi ta ɗauka, wai kayansa ne suka maƙale a bakin iyaka, can Kusseri.

A hanya na tambaye shi abin da aka ce, ya ce in bari mu je gida. A gidan ma ba ni ya faɗa wa ba, uwarsa ya faɗa wa, a tsakar gida, gaban kowa.

"Hajiya, likita ya ce nono ne bai karɓe shi ba. Ya ce a daina nono."

Hajiya Hansatu ta ajiye carbinta ta dube ni. Ba fuskata ta duba ba, ƙirjina ta duba.

Na ce, "Wane nono?"

Hashimu ya ce, "Nono nawa yake sha a gidan nan, Sharifa?"

Gaskiya ne, ban da nawa ba abin da ya taɓa shiga bakin yaron nan.

Laraba, 7 ga Mayu, da hantsi

An yi mini gwaji. Hajiya ta ɗauko wani ɗan kasko irin na maginan ƙauyen Gawi, ta ce in tatsa a ciki. Ta sa aka kamo kiyashi daga bakin buhun sukari, ta jefa shi. Muka yi cirko-cirko muna kallon ƙwaro kamar masu jiran hukuncin alƙali. Ya yi ta mutsu-mutsu, ya yi ta mutsu-mutsu, can ya daina.

Hajiya ta ce, "Kin gani da idonki. Laban da fasil, in ji Larabawa. Mugun nono ne, yarinya. Ba laifinki ba ne, haka Allah ya yi ki."

Na so in ce ta jefa shi a shayinta mu ga ko zai fito yana iyo. Ban faɗa ba. Tarbiyyar Haɗeja ta riƙe mini baki, ita ce kuma take cutata a gidan nan.

Tun ranar da na haihu, matar nan ba ta taɓa bari rana ta faɗi ban shanye kwanon fura da nono ba, wai don ruwan nono ya kawo. Miya kuma sai ta yi ninƙaya a man shanu. Yau ba a kawo mini fura ba. Abin da aka kawo wani jiƙon saiwa ne mai ɗaci, na wankin nono.

Laraba, bayan magariba

Sun kai shi ɗakin Hajiya. Hashimu ya sayo madarar gwangwani ta jarirai da kwalba. Ina jin kukansa ta bango.

Alhamis, 8 ga Mayu, da safe

Ƙirjina ya cika ya yi tauri, ko mayafi ya taɓa sai na cije leɓe. Na shiga banɗaki na tatse na zubar a rariya. Ɗana yana ɗaki na gaba yana ihun yunwa, ni ina shayar da rariya.

Ba wuta tun jiya. Zafin garin nan ma ya isa ya sa mutum faɗa da bango.

Juma'a, 9 ga Mayu, bayan azahar

Matan unguwa sun shigo sannu. A unguwar nan ta Mursal labari ba ya kwana, kafin ka ɗaura zane ya kai bakin kasuwa. Suna zaune a tabarmar Hajiya suna magana da Larabci a tsammanin ba na ji. Ba na jin duka, amma na ji abin da ya ishe ni. Wata ta koma Hausa ta ce, "Ai wancan karon ma haka aka yi."

Wancan karon.

Na yi alkawari ba zan rubuta wancan karon a nan ba. Abin da zan ce kawai, na taɓa haihuwar 'ya mace kafin Junaid, ita ma kumatunta sun yi ja, ita ma an cire ta daga nonona an ba ta na kwalba, ba ta kuma cika wata shida ba. Lokacin ko asibiti ba a je ba, kiyashi kaɗai ya yanke hukunci. Shi ke nan, na rufe.

Na kira Inna a Haɗeja. Layi yana yankewa. Ta ce in yi haƙuri, in bi manya, tunda har likita ya faɗa. Kowa likita, likita. Ni da nake zaune a gabansa ban ji abin da ya faɗa ba.

Lahadi, 11 ga Mayu, da yamma

An bar ni na yi masa wanka. Ƙurajen sun sauko wuya, sun shiga bayan gwiwa da hammata. Yana soshe fuska da hannu har ya ji wa kansa ciwo. Zawo kuma ba a magana. Da na ɗauke shi sai ya juyo da baki yana laluben rigata, Hajiya ta miƙo hannu ta karɓe shi.

Na ce, "Hajiya, jikin nan fa ƙaruwa yake."

Ta ce, "Dafin ne yake fita. Wata huɗu yana sha, kina so ya fita a kwana huɗu?"

Ta lakato man shanu ta shafe masa kumatu da maɗiga. Ban ce ba ta sonsa ba. Tana sonsa, shi ne ma abin haushin. Da ƙinsa take yi da na san yadda zan yi faɗa da ita. Tun ranar Laraba matar nan ba ta yi barcin kirki ba, goye take da shi tana zagaya tsakar gida da ciwon gwiwarta.

Talata, 13 ga Mayu, da hantsi

Na ce wa Hashimu mu koma wurin likitan, a samo mai jin Hausa ya maimaita mini. Ya ɓata rai.

"Wato ban iya Faransanci ba ke nan? Ko Larabcin da aka haife ni a ciki ne ban ji ba? Kakana ma a garin nan ya yi kasuwanci."

Na ce ban ce ba.

"To me kike nema? Ya ce laban. Laban nono ne. Ko a Najeriya wani abu ne daban?"

Ya ɗauki makullin babur ya fita. A gaban mutane ban taɓa kiran sunansa ba, Baban Junaid nake cewa. A nan kuwa zan rubuta shi yadda na ga dama. Hashimu. Hashimu mai waya a kunne.

Alhamis, 15 ga Mayu, bayan la'asar

Ina ci gaba da tatsewa ina zubarwa, ba wanda ya sani. Hajiya tana tsammanin ya fara ƙafewa. Ya ragu kam, ba kamar da ba, abin yana ba ni tsoro. Jiƙon saiwar kuwa bishiyar darbejiya ce take shansa, ta bayan ɗaki.

Ni kaina wani lokacin sai in tsaya in dubi abin da na tatsa. Fari ne tas, ba wari, ba komai. In ce to ina dafin yake? Can kuma sai wata zuciyar ta ce, ke wace ce da za ki fi likita sani, kin manta kin binne ɗaya?

Asabar, 17 ga Mayu, da yamma

Hajiya ta tafi gaisuwar mutuwa ta bar mini shi. Ban yi niyya ba. Ko kuma na yi, ban sani ba. Yana kuka, na zauna bakin gado, na ɗaga riga. Ya kama kamar zai cinye ni. Yana sha yana ajiyar zuciya, hannunsa a kan wuyana.

Ban ji ƙarar babur ba.

Hashimu ya fizge shi daga jikina. Ba zan rubuta duk abin da ya faɗa ba. A cikin maganar akwai wata 'yar kalma, ita ce ta tsaya mini a rai. Ya ce, "wannan ma."

Wannan ma.

Lahadi, 18 ga Mayu, da safe

Ban fito ba. Ba wanda ya tambaya.

Litinin, 19 ga Mayu, da hantsi

Hajiya ta yanke shawara madarar gwangwani ce ba ta da albarka, kayan nasara ne, gari ne kawai aka niƙa. Ta aika unguwar Lamaji wurin matan Larabawa masu shanu a kawo mata madara sabuwar tatsa. Ta ce da ita ta raini Hashimu lokacin da ta yi ciwo, ga shi nan ƙato.

Ga shi nan ƙato kam.

An ce gobe za a kawo. Na ce ko a dakata a tambayi asibiti, ta ce asibitin ne ai ya ce a cire shi daga nawa, me kuma ya rage a tambaya.

Laraba, 21 ga Mayu, bayan azahar, a asibiti

Yana numfashi. Bari in fara da wannan. Yana numfashi, yana barci, an sa masa ruwa a hannu.

Jiya ba zan iya rubuta ta dalla-dalla ba. An dafa madarar, an huce, an ba shi. Kafin a wanke kwalbar leɓensa ya kumbura, idanunsa suka shige, numfashinsa ya koma wani irin fito. Na ɗauke shi ban nemi izinin kowa ba, ko takalmi ban sa ba. Mai babur ɗin da ya kawo mu ban san fuskarsa ba, Allah ya saka masa. Hajiya ta biyo mu a wani, Hashimu ya taho daga kasuwa.

Sauran na bar shi a inda yake.

Yau da safe likitan nan na ranar Talata ya shigo zagaye. Ya gane mu. Ya yi tambaya, Hashimu ya amsa, sai na ga likita ya cire tabarau ya ɗaga murya. Akwai wata ma'aikaciyar jinya a gefe tana gyara ruwan, sunanta Ruƙayyatu, ashe Bahausa ce, iyayenta 'yan Damagaram. Na kama hannun rigarta na ce, "Don girman Allah, baiwar Allah, me yake cewa? Ki faɗa mini da Hausa."

Ta ce, "Cewa yake wa ya ce a ba yaron nan madara, bayan ya hana."

Na ce, "Ai nonona ya hana."

Ta dube ni, ta dubi likita, suka yi magana. Ta juyo a hankali.

"Ba naki ba, 'yar'uwa. Na saniya. Jikin yaronki ne ba ya ɗaukar nonon saniya. Ke aka ce ki daina sha, don abin da kika sha yana bi ta naki ya same shi. Naki kuwa cewa ya yi kada a kuskura a cire shi."

Na yi dariya. Wallahi dariya na yi, a ɗakin marasa lafiya, har matar gadon kusa ta jawo ɗanta jikinta. Na kasa tsayawa sai da Ruƙayyatu ta zaunar da ni ta ba ni ruwa.

Hashimu ya ce, "Ai laban ya ce."



Laraba, bayan la'asar

Ruƙayyatu ta dawo ta zauna ta yi mini bayani da kyau. Ba nono, ba kindirmo, ba madarar gari a shayi, ba man shanu ko a miya ko a fata, ba cuku. Lemon kwalba ba komai, amma markaɗen mangwaro da ake sayarwa bakin titi da madara ake haɗa shi, in kiyaye. Biskit da alawa sai an karanta abin da ke jikin leda. Hajiya daga bakin ƙofa ta ce to na akuya fa? Aka ce shi ma a'a, danginsu ɗaya. Za a ba ni ƙwayar ƙarin ƙarfin ƙashi tunda zan bar nono. Ta ce yara da yawa suna warkewa in sun girma, amma likita ne zai gwada, ba mu ba.

Da Hajiya ta fita alwala sai na yi tambayar da ke cina tun safe. Na ba ta labarin Fadila. Ga shi na rubuta sunan. Na faɗa mata kumatun, da kwalbar, da yadda ta ƙare. Na ce, "Ita ma shi ne?"

Ta ce, "Ba wanda zai iya sani yanzu. Ko likita ba zai ce miki e ko a'a ba."

Da na ɗaga kai Hajiya tana tsaye a ƙofa da buta a hannu, ban san tun yaushe ba. Ta juya ta koma waje. Har aka yi magariba ba ta shigo ba.

Alhamis, 22 ga Mayu, da safe

An ce in mayar da shi nono. Na ɗora shi, ya juya kai. Na sake, ya banƙare yana ihu yana ture ni da hannu. Ya saba da kwalba, ita ba ta sa shi wahala. Nawa kuma ya ja baya, sai na matsa da ƙarfi ake ganin ɗigo.

Sun raba mu da kalma ɗaya, yanzu kuma kowa ya tsaya a kaina yana cewa, "Ba shi mana."

Akwai wata madara ta musamman da aka rubuta, wadda aka sarrafa don irinsu. Hashimu ya zagaye kantunan magani kafin ya samo. Warinta kamar ruwan jiƙon wake. Da cokali da ɗan kofi ake ba shi, an hana kwalba. Yana sha yana kuka, ni ma haka.

Juma'a, 23 ga Mayu, bayan azahar

Hajiya ta zo da kwano a ɗaure cikin tsumma. Na buɗe, fura ce da nono.

Ta ce, "Don ruwan ya dawo."

Na dube ta. Ita ma ta dubi kwanon. Hannu ne ya yi aikin da ya saba, kan bai bi ba. Ta rufe ta ɗaure, ta ce, "Tsufa." Ta miƙa wa masu jinyar gadon kusa.

Ban tausaya mata ba. Na so in tausaya, na duba cikina ban samu ba.

Lahadi, 25 ga Mayu, da yamma, a gida

An sallame mu. Kumburin ya sauka, ƙurajen sun fara bushewa.

Kicin ya canja. Hajiya ta kwashe kwalbar man shanu da gwangwanayen madara ta kai ɗakinta ta kulle. Ta dama mini kunun gyaɗa ta kawo da kanta, ta ce, "Ba ko ɗigo." Da rana kisar, wainar nan ta garin nan mai faɗi, da miyar kuɓewa, da man gyaɗa. Shayi baƙi. Bakina yana neman fura kamar me, ba zan ɓoye ba. Ni da aka yaye ni da ita.

Ba ta ce in yafe mata ba. Shi ma bai ce ba. Abin da ya ce shi ne, "Kuskuren fahimta ne, kowa yana yi." Ya sayo mini atamfa. Tana nan a leda a kan akwati.

Junaid har yanzu yana ƙi. Ina kwantar da shi a ƙirjina ba riga kamar yadda Ruƙayyatu ta ce, ina tatsa a kai a kai. Yakan shinshina, ya lasa, ya juya.

Talata, 27 ga Mayu, da hantsi

Matan unguwa sun dawo barka da arziki. Daga ɗaki nake jin su. Wata ta tambaya, "To Hajiya, nonon ya wanku?"

Na tsaya da numfashi ina jiran abin da za ta ce.

Ta ce, "Ana dai ta magani."

Ana dai ta magani. Ke nan a Mursal ni ce dai mai mugun nono har gobe. Duk wadda ɗanta ya yi ƙurji za a ce mata ta tuna da matar Hashimu, a kamo kiyashi. Na tashi zan fita in faɗa musu da bakina, sai yaron ya motsa a jikina. Na koma na zauna. Ba don kunya ba wannan karon, don kada ya farka ne.

Laraba, 28 ga Mayu, bayan la'asar

Yau ma ya ƙi kamawa.

Alhamis, 29 ga Mayu, bayan sallar asuba

Ya kama.

Bai gama farkawa ba, idonsa a rufe, na matso da shi ban sa rai ba. Ya laluba, ya saki, ya sake laluba, sai na ji ya ja. Zafi ya ratsa ni har tafin ƙafa. Na ƙame ko motsi ban yi ba, ina jin ƙarar haɗiyarsa, ƙut, ƙut. Ba yawa, amma yana haɗiya.

Hashimu ya dawo daga masallaci ya same mu haka. Ya tsaya a bakin ƙofa ya daɗe. Ya ce, "Alhamdu lillahi. Komai ya wuce, Sharifa."

Ya juya zai je ya kira Hajiya ta gani. Na ce, "Tsaya."

Ya tsaya.

Na ce, "In za ka faɗa mata, ka faɗa da ƙarfi a tsakar gida, inda ka faɗi ta farko. Ka kuma faɗi wane nono."

Ya fita. Ina nan zaune, yaron yana sha, ƙofa a buɗe, kunnena yana tsakar gida. Na ji takunsa har bakin ɗakin Hajiya, na ji ya yi sallama, na ji ta amsa. Daga nan ya shiga ciki ya saki labule.